Rikicin Auren da Iyaye Ba Su Yarda da Shi Ba: Ƙofar da Za a Fara Bugawa a Katsina da Daura

Yawancin irin wannan rikici da magana ɗaya yake farawa a gaban teburin ɗan sanda: "Ranka ya daɗe, an sace mini ɗiya." A je a bincika, a tarar da ɗiyar a wani gida a Ƙofar Marusa ko Sabuwar Unguwa, wani lokaci ma an tsallaka da ita Maraɗi ko Magarya, tana cewa ita ba a sace ta ba, matar aure ce, ga sadakinta, ga waɗanda suka shaida. Uba yana cewa a ba shi ɗiyarsa, saurayi yana cewa a ba shi matarsa. Dukansu biyu suna magana kamar akuya ce ta ɓata aka gano ta a kasuwar Mai'aduwa. Kotu kuwa ba haka take kallon abin ba. Abin da take tambaya shi ne shekarun yarinyar nawa, wa ya ɗaura auren kuma da wane iko, sannan a ina za ta zauna kafin a gama shari'a. Kowace tambaya da wurin da ake amsa ta, kuma wanda ya kai ta inda ba a amsa ta ya yi asarar wata da watanni.

Shekaru tukuna

Kafin a ɗauki lauya, kafin a je gidan kowane malami, a nemo takardar da ke nuna ranar haihuwar yarinyar. Mafi ƙarfi ita ce takardar haihuwa ta Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa da aka yanka tun tana jaririya. Idan babu, katin rigakafi na asibiti, rajistar makarantar firamare da ta yi, takardar jarrabawar gama sakandare da takardar NIN duk suna taimakawa, musamman idan ranar da ke jikinsu ta zo ɗaya. Takardar rantsuwar shekaru da aka yanko a kotu bayan rigima ta tashi ita ce mafi rauni, domin kowa ya san an yanko ta ne don wannan shari'ar. Sau da yawa ɓangarorin biyu kowanne ya zo da tasa, ta uba ta ce 15, ta saurayi ta ce 20, alƙali ya ajiye su gefe ya nemi shugaban makaranta ya zo da rajista.

Dalilin da ya sa shekaru suka zo gaba da komai shi ne su ke raba maganar aure da maganar laifi. Dokar finalkod da Arewa ta gada tun 1960 ta ce wanda ya ɗauke ko ya yaudari yarinyar da ba ta kai shekara 16 ba ya raba ta da mai riƙonta ba da yardarsa ba, ya yi satar mutum. A nan cewar da yarinya za ta yi "ni na bi shi da ƙafata" ba ta wanke shi, don doka ba yardarta take nema ba, yardar mai riƙonta take nema. A Katsina kuma tun gyaran da aka yi wa dokar a 2019, zamanin Gwamna Aminu Bello Masari, hukuncin satar mutane ya kai har kisa, saboda haka tuhuma ce da ba a samun belinta cikin sauƙi ko da daga baya za ta rushe. Sashe na 35 na tsarin mulkin 1999 ya halatta a taƙaita 'yancin wanda bai kai shekara 18 ba don karatunsa ko jin daɗinsa, jihar ma ta yi tata dokar kare yara a 2020. Ke nan duk wadda ke ƙasa da 18, hannun iyaye a kanta yana da ƙarfi ƙwarai. Mutane ba su manta da shari'ar yarinyar da aka ɗauko daga Bayelsa zuwa Kano ba, wadda ta cika ƙasa a 2016. Saurayin ya musanta tuhumar, amma a 2020 Babbar Kotun Tarayya da ke Yenagoa ta yanke masa shekara 26.

Akwai masu kawo sashe na 29 na tsarin mulki, inda aka ce duk macen da ta yi aure ana ɗaukarta ta kai cikakkun shekaru. Wannan sashe maganar mai son ajiye zamansa ɗan Najeriya yake yi. Ba ya mai da 'yar shekara 14 babba a gaban majistare, kuma wanda ya jingina da shi ya jingina da zana.

Idan ta haura 18, babu wanda doka ta ba ikon kulle ta a ɗaki, ko uba ko miji ko ɗan sanda. Amma kada saurayi ya yi saurin murna: 'yancin fita da shiga daban, ingancin aure daban.

Wa ya ɗaura?

Kotunan shari'a na Katsina mazhabar Malikiyya suke bi, littattafan da alƙali ke buɗewa su ne irin su Risala da Mukhtasar da Tuhfa. A wannan mazhaba aure ba ya ƙulluwa sai da waliyyi da sadaki da shaidu biyu adalai. Mace ba ta aurar da kanta, ko da shekararta 40 kuma ita ce shugabar ma'aikata. Uwa ma ba ta zama waliyyi. Kawu ɗan'uwan uwa, da mijin uwa, da yayan da aka haɗa uwa kawai, ba su cikin waliyyan jini, ko da a hannunsu ta girma. Waliyyai ta wajen uba suke: ɗanta idan bazawara ce mai babban ɗa, sai uba, sai ɗan'uwa, sai ɗan ɗan'uwa, sai kaka, sai baffa da 'ya'yansa. Bayan su mai riƙon da ya rene ta, sai alƙali.

Inda aka fi faɗawa rami shi ne bambancin waliyyi mai ikon tilastawa da wanda ba shi da shi. Uba, da wasiyyin da uba ya ba wannan iko kafin ya rasu, su kaɗai ke da ijbari, wato ikon tilastawa, a kan budurwa. Idan uban budurwa yana raye, da hankalinsa, ana iya samunsa, wani ya ɗaura mata aure ba da izninsa ba, to wannan aure abin rabawa ne, an tare ko ba a tare ba, an daɗe ko ba a daɗe ba. Ko liman ne ya ɗaura, ko baffanta ne uwa ɗaya uba ɗaya da mahaifinta. Al'adarmu ce ke ruɗa mutane a nan. Mun saba uba ba ya zama wajen ɗaurin aure ya ba da ɗiyarsa da bakinsa, ƙaninsa ko yayansa yake sa wa. Sai masoya su ɗauka cewa tunda baffa ne zai bayar ko da ma, ai in an shawo kansa an gama. Baffa a wannan zama wakilin uba ne, kuma wakili ba ya ba da abin da mai shi ya hana.

Ga marainiya da bazawara lissafin ya canza. 'Yan'uwa da baffanni ba su da ikon tilasta wa marainiyar da ta balaga, dole sai da izninta, kodayake shirunta izni ne. Bazawara kuwa sai ta furta da bakinta, uba ma ba ya tilasta mata. Hadisin Khansa'u 'yar Khizam da ke cikin Bukhari a kan haka yake: mahaifinta ya aurar da ita tana bazawara ba ta so, Manzon Allah (SAW) ya warware auren. Idan babu mai ijbari, waliyyi na nesa ya ɗaura alhali na kusa yana nan, auren ya inganta, na kusa sai dai ya yi fushi. Don haka tambayar farko da lauya mai hankali zai yi wa wanda ya zo masa ita ce: mahaifinta yana raye? Ta taɓa aure?

Uban da ya yi tafiya ma ba a tsallake shi don kawai ba ya gari. Malamai sun raba tafiyar kusa, wadda ake aika masa a jira amsa, da tafiya mai nisa da ba a sa ran dawowarsa nan kusa, wadda alƙali ke tsayawa a madadinsa. A zamanin waya, wanda yake ci-rani a Legas ko Agadas ba ya cikin waɗanda suka ɓace. Alƙali zai ce a kira shi.

Hanyar da ta fi tsira: a je wa alƙali kafin a ɗaura

Shari'a ba ta bar ɗiya a hannun uba ba tare da mafita ba. Aya ta 232 a Suratul Baƙara ta hana waliyyai tare mata hanyar aure, kuma ta sauka ne a kan Ma'aƙil ɗan Yasar da ya hana ƙanwarsa komawa wa mijinta. Hadisi kuma ya ce idan waliyyai suka yi jayayya, sarki shi ne waliyyin wadda ba ta da waliyyi. Wannan hanawa ta zalunci ita malamai ke kira adalu, kuma ita ce ƙarar da yarinya za ta shigar. Sai dai a san cewa Malikiyya ba ta saurin kiran uban budurwa mai hanawa. Korar manemi ɗaya ko biyu ba ta isa ba, domin ana kyautata masa zaton ya san abin da ɗiyarsa ba ta sani ba. Sai an tabbatar cewa cutarwa yake nufi ko kuwa ba shi da wani dalilin da shari'a ta sani.

Ana farawa daga gida. Manemi ya turo manyansa a fili, da rana, su nemi aure kamar yadda aka saba, a samu mutum biyu da za su iya cewa sun je, ranar kaza, ga amsar da aka ba su. Idan an ƙi, a sake komawa ta hannun wanda uban ke jin nauyinsa: yayansa, malaminsa, limamin unguwa. In abin ya ci tura a kai wa mai unguwa, shi ya kai wa dagaci ko magajin gari, har zuwa hakimi. Hukumar Hisba ma tana zaman sulhu irin wannan. Waɗannan duka ba su da ikon raba aure ko ƙwace walicci daga hannun uba, amma zamansu yana da amfani biyu: sau da yawa a nan maganar ke mutuwa, in kuma ba ta mutu ba, sun zama shaidun cewa an bi uba ta girma ya ƙi. A roƙi a rubuta abin da aka tattauna, da kwanan wata da sunayen waɗanda suka halarta.

Daga nan yarinyar ce da kanta, ko wakilin da ta naɗa, za ta je kotun shari'ar da ke yankin da mahaifinta yake zaune. Ba saurayi ke shigar da wannan ƙara ba, shi ba shi da haƙƙin da zai nema a wurin uban wata. Za ta biya kuɗin shigar da ƙara wurin rajistara, ta karɓi rasit, a kai wa uba sammaci. Da'awar ta zama gajera kuma a bayyane, misali: "Allah ya gafarta Malam, ina ƙarar mahaifina ne a kan ya hana ni auren wane, alhali ya turo sau uku, ba a faɗi aibinsa a addini ko a lafiya ba. Ina roƙon kotu ta umarce shi ya aurar da ni, in ya ƙi ta aurar da ni." Kada a cika ta da tsofaffin ƙorafe-ƙorafen gida, abin da kishiyar uwa ta yi shekara goma da suka wuce ba ya ƙara mata komai.

Alƙali zai tambayi uba dalilinsa, kuma a nan shari'ar take. Kufu'i, wato dacewar miji da matar, a Malikiyya addini ne da kuɓuta daga cututtukan da ke sa a mayar da aure. Uban da ya kawo shaidu cewa manemin mashayi ne, ko ba ya salla, ko ɓarawo ne, ko an san shi da dukan mata da sakin aure barkatai, ko ba shi da hanyar ciyarwa ko kaɗan, ya kawo dalili, kuma kotu za ta tsaya masa. Wanda ya ce "ba ma ba wanzamai" ko "shi ba ɗan garin nan ba ne" ko "na riga na yi wa abokina alkawari tun tana goye", bai kawo abin da littafi ya sani ba. Shi kuma manemi ya shirya tun kafin ranar: mutum biyu masu mutunci daga unguwarsu da za su shaidi halinsa, abin da ke nuna sana'arsa, inda zai ajiye mace, da takardar gwajin jini daga asibiti. Mahaifinsa ba zai yi masa shaida ba, don ba a karɓar shaidar uba ga ɗa, haka ma ta wanda ke da tsohuwar gaba da wanda ake shaida a kansa. Idan kotu ta gamsu, za ta fara umartar uba ya ɗaura. Sai ya ƙi sannan alƙali ya ɗaura da kansa ko ya wakilta wani. Sadaki kada ya gaza rubu'in dinari, wato zinariya giram ɗaya da ɗan ɗoriya, a tambayi farashin ranar. A karɓi takardar hukunci da takardar aure mai hatimin kotu, a yi musu hoto a ajiye a wuri biyu.

Wata hujja da ake mantawa da ita: uba yana iya zubar da ijbarinsa da bakinsa. Idan ya tarshada ɗiyarsa, wato ya bayyana cewa ta mallaki hankalin kanta ya sakar mata al'amuranta, ba ya aurar da ita kuma sai da furucinta. A 1985 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tarayya ta yanke wata shari'a da ta taso daga jihar Neja, ta wata 'yar shekara 19 da mahaifinta ya ba ta zaɓi tsakanin manema, daga baya ya aurar da ita ga wanda ba ta so. Kotu ta ce tunda ya ba ta zaɓi, ikon tilastawa ya fita daga hannunsa. Saboda haka idan uba ya taɓa cewa a gaban mutane "ki fito da wanda kike so", a nemo waɗanda suka ji.

Idan an riga an ɗaura

Uban da ya wayi gari ya ji an ɗaura wa ɗiyarsa aure, ƙofarsa ita ce kotun shari'a, ƙararsa kuma ta neman a raba auren ce saboda an ɗaura ba da waliyyi ba. Ya haɗa da mijin da wanda ya tsaya a matsayin waliyyi, ya nemi a kira limamin da shaidun. Abin da zai tabbatar kaɗan ne: shi ne uba, ɗiyar budurwa ce, bai ba da izni ba, bai wakilta kowa ba. Wanda ya ce an ba shi izni, shi zai kawo shaida.

Abin da bai kamata ya yi ba ya fi yawa. Kada ya tara matasa su je su ɗauko ta da ƙarfi, don daga mai ƙara zai koma wanda ake tuhuma da kutse da raunata mutane. Kada ya ɗaura mata wani aure da gaggawa don ya toshe hanya. Auren farko, ko da ɓatacce ne, alƙali ne ke raba shi, in an tare kuma akwai idda, aure a kan aure kuwa sabuwar masifa ce da ta fi ta farko. Kada kuma ya ce wa 'yan sanda shekararta 15 alhali 21 ce. Rajistar makaranta za ta tona, daga nan duk abin da ya faɗa a gaban alƙali da shakka za a saurare shi.

Raba irin wannan aure ba ya mai da shi zina. Tunda malamai sun yi saɓani a kan auren da babu waliyyi, Hanafiyya suna inganta shi, to ba a tsayar da haddi, rabuwar ana lissafa ta saki ɗaya ne, in an tare sadakin da aka ambata nata ne, za ta yi idda, cikin da aka samu kuma na mijin ne, ɗan da sunan ubansa da gadonsa. Iyaye da yawa ba su san wannan ba sai sun gama shelanta wa duniya cewa ɗiyarsu ta yi cikin shege. In ba a tare ba, babu sadaki babu idda.

Akwai kuma manemin farko, wanda iyaye suka karɓi kayansa. Malikiyya ta hana nema a kan nema bayan an amince wa na farko, matuƙar shi ba fasiƙi ba ne, kuma ana raba auren na biyu in ba a tare ba. Maganar kuɗin gaisuwa da lefe da toshi ƙara ce daban, a rubuta kaya ɗaya bayan ɗaya da shaidun da suka kai, kada a cusa ta cikin shari'ar aure ta jagule.

Ita kuma wadda aka yi wa auren dole ta gudu, ta kula da kalmar da za ta faɗa a kotu. Neman a warware aure don an ɗaura shi ba bisa ƙa'ida ba daban yake da khul'i. Mai neman khul'i ta amsa cewa auren ya inganta, fansar kanta take yi, za ta mayar da sadaki. Bazawara ko marainiyar da aka aurar ba da izninta ba, warwarewa za ta nema, ba ta biyan ko sisi don ta fita. Budurwa ma ba a tilasta mata auren mahaukaci, ko kuturu, ko wanda ba ya iya kusantar mace, ko mashayi, ko da uba ne ya bayar.

A ina za ta kwana kafin hukunci?

Wannan ita ce tambayar da ta fi zafi, kuma a zaman farko ake roƙon kotu ta yanke ta. A Malikiyya riƙon ɗiya mace da ciyar da ita suna kan iyayenta har miji ya tare da ita, don haka asali gidan uba ne. Amma idan ta ce ana dukanta, ko an yi mata barazanar kisa, ko ana shirin kai ta ƙauye a aurar, kotu takan ba da ita amana a hannun wani amintacce: wata gwaggo ko inna da ɓangarorin biyu suka yarda da ita, gidan mai unguwa, gidan liman ko na hakimi. Gidan saurayi ko na danginsa ba ya cikin lissafi muddin ana jayayya a kan auren. Mai neman wannan umarni ya zo da sunan gidan da yake ba da shawara, mai gidan kuma ya zo da kansa ya ce ya karɓa. A roƙi kotu ta rubuta sharuɗɗa: wa zai ciyar, wa zai iya ziyara, ba za a fitar da ita daga gari ba, ba za a ɗaura mata aure ba, za ta ci gaba da zuwa makaranta in ɗaliba ce. Idan akwai rauni a jikinta, a je asibitin gwamnati a ranar a karɓi takardar likita, tabo ba ya jiran ranar zama.

Ɗakin tsare masu laifi a caji ofis ba wurin ajiyar amana ba ne. Dokar 'yan sanda ta 2020 ta hana kama mutum a kan rigimar da ba ta laifi ba, ta kuma hana kama wani a madadin wani, wato ba a tsare uwar saurayi ko ƙaninsa don ya fito. Tsarin mulki ya ce a kai wanda aka kama kotu cikin kwana ɗaya in akwai kotu a tazarar kilomita 40, in babu kwana biyu. Wanda aka tsare fiye da haka, ko babbar mace da aka kulle a gida, ana kai ƙararsu Babbar Kotun Jiha ko ta Tarayya a ƙarƙashin sashe na 46 da ƙa'idojin kare haƙƙin ɗan Adam na 2009, kuma wani yana iya shigarwa a madadin wanda ke tsare. Wannan kotu za ta ce a fito da ita, a bar ta ta faɗi inda take so ta zauna. Ba za ta ce auren ya inganta ko bai inganta ba, wannan na kotun shari'a ne. Marasa hali su nemi ofishin Hukumar Ba da Agajin Lauya, ko Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Ƙasa, ko ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA a cikin Katsina.

Gajerun hanyoyi biyu da ba sa kaiwa

Ta farko tsallaka iyaka zuwa Nijar. Daga Daura zuwa Kongwalam tafiyar minti kaɗan ce, daga Jibiya zuwa Maraɗi ma ba nisa, sai masoya su ga ai can ba wanda ya san su. Malaman can ma Malikawa ne, auren da babu uba a can ma sunansa ke nan. Abin da tafiyar ke ƙarawa kawai shi ne zargin safarar mutane, hukumar NAPTIP mai yaƙi da wannan laifi ta shigo, in yarinyar ƙarama ce kuma har direban da ya ɗauke su sai ya yi bayani.

Ta biyu auren rajista. Dokar wannan aure tana neman rubutacciyar yardar uba ga wanda bai kai shekara 21 ba, ana kuma liƙa sanarwa kwana 21 don mai ƙorafi ya fito. Wanda ya san babu wannan yarda ya aura ko ya taimaka aka aura, hukuncinsa ɗaurin shekara biyu ne. Ga Musulmi takardar rajista ba ta maye gurbin waliyyi, ga shi kuma ta ɗaure namiji da mace ɗaya. Ga Kiristocin Malumfashi da Ƙafur da sauran kudancin jihar kuwa ita ce hanyarsu, kuma shari'ar irin wannan aure Babbar Kotu take zuwa. Kotun shari'a ba ta da hurumi a kan wanda ba Musulmi ba sai ya yarda. Inda yarinya ta canza addini sannan ta yi aure, a koma kan shekaru: sashe na 38 na tsarin mulki ya ba babba 'yancin canza addini, uban da addininsu ya bambanta ba ya zama waliyyin Musulma, alƙali ne waliyyinta. In kuwa ba ta kai 18 ba, limami ko mai unguwar da aka kawo masa ita ya sanar da iyayenta da hukuma a rubuce tun ranar, ya bar maganar aure har kotu ta yi magana.

Ɗaukaka ƙara

Wanda hukunci bai yi masa daɗi ba yana da kwana 30. Daga kotun shari'a ana zuwa babbar kotun shari'a, daga nan Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta jiha da ke ƙarƙashin Alƙalin Alƙalai, wadda sashe na 277 na tsarin mulki ya ba hurumin aure da rabuwa da riƙon yara, sannan Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tarayya. A nemi kwafin shari'a tun ranar hukunci, don buga shi yana cin lokaci, a kuma roƙi a dakatar da zartar da hukuncin, in ba haka ba kafin a saurari ƙarar an ɗaura an tare. Da kwafin ya zo hannu, a duba ko an yi i'izari, wato ko alƙali ya tambayi kowane ɓangare kafin hukunci: "Kana da sauran magana ko wata hujja?" Rashin wannan tambaya kaɗai yana rushe hukunci. A duba kuma ko an ji ta bakin yarinyar da kanta an rubuta, ko an ba wanda aka yi shaida a kansa damar sukar shaidun, da ko sammaci ya isa hannun uba kafin a karɓe walicci daga gare shi.